Kallo na Biyu: Mas'alar Wasannin da Ke Shigowa Waya Ba da Gayyata Ba

Daga cikin mas'alolin da zamani ya haifar, waɗanda magabata ba su gan su da ido ba amma suka bar mana ma'aunin da za a auna su, akwai wata wadda jama'a ke ɗauka ƙarama ce, alhali kuwa in aka tsananta bincike sai a tarar ta taɓo tambayar da malaman tauhidi da na tasawwufi suka daɗe suna jujjuyawa, wato iyakar abin da ake kama bawa da shi cikin abubuwan da ke shiga idonsa da zuciyarsa. Mas'alar kuwa ita ce ta mutumin da ya buɗe wayarsa don ya ji labarin 'yan'uwa, ko ya ga sanarwar ɗaurin aure ko ta rasuwa, ko ya saurari karatun wani malami, sai ya tarar shafinsa na Facebook ko YouTube ko TikTok ya cika maƙil da wasannin waya, waɗanda samari ke kira gem: nan wani yana harbe-harbe cikin PUBG, can wani yana ihu don ya ci gasar Free Fire, gaba kaɗan kuma ana kiransa ya sauke wani sabon wasa kyauta. Bai nema ba, bai aika a kawo masa ba, amma kafin ya ankara rabin sa'a ta shuɗe, abin da ya shigo dominsa kuma bai ko gan shi ba. To, wannan lokaci da ya salwanta, a wuyan wa yake? Kuma ƙoƙarin rage waɗannan abubuwa daga shafin mutum, shin al'amari ne na ra'ayi kurum, ko kuwa yana da gurbi cikin abin da addini ya ɗora wa baligi mai hankali?

Malaman usulu sun ƙa'idance cewa ba a yanke wa abu hukunci sai an san surarsa, saboda haka ya kamata mu fara da yadda abin ya samo asali. A shekarar 2006 ne kamfanin Facebook ya fito da shafin nan mai jero wa mutum labaran abokansa ɗaya bayan ɗaya, a 2009 kuma wani kamfanin Amurka mai suna Zynga ya saka wasan FarmVille a ciki, wasan da mutum ke shuka da girbi a gonar da babu ita, wanda cikin 2010 masu buga shi a kowane wata suka kai wajen miliyan 80. Dabarar da ta yaɗa shi ita ce, mai wasa yakan fi saurin ci gaba idan ya gayyato abokansa suka zama maƙwabtan gonarsa, don haka sai shafukan waɗanda ba ruwansu da wasan suka cika da roƙo da gayyata, koke ya yi yawa, har a cikin wannan shekara ta 2010 kamfanin Facebook ya taƙaita irin waɗannan saƙonni. Bayansa Candy Crush Saga ya zo a 2012 da nasa salon roƙon. A wancan zamani damuwar daga abokan mutum take fitowa, ana ganin mafarinta, maganinta kuma a sarari yake, wato a toshe wasan a huta. Yau al'amarin ya sake kama, domin mafi yawan abin da ke zuwa ba wani aboki ya aiko shi ba, na'ura ce ta zaɓo shi daga hannun mutanen da mai wayar bai taɓa jin sunansu ba.

Yadda na'urar ke yin zaɓinta ba ɓoyayyen sihiri ba ne, lissafi ne. Tana ƙidaya daƙiƙun da mutum ya tsaya a kan kowane hoto, da wanda ya maimaita, da wanda ya tura wa wani, da wanda ya yi magana a ƙarƙashinsa ko da maganar ta fushi ce, sa'an nan ta kwatanta shi da dubban mutane masu irin shekarunsa da garinsa da ɗabi'arsa, ta kawo masa abin da ya riƙe su. Misalinta kamar ɗan kasuwar nan ne mai wayo wanda ba ya sauraron abin da bakin mai saye ke faɗa, idonsa kawai yake kallo, in ya ga ido ya daɗe a kan wata haja, gobe ita zai shimfiɗa a bakin rumfa, ko da mai sayen ya rantse ba ya sonta. Dalilin wannan himma kuwa sananne ne, gama kusan dukan kuɗin shigar kamfani irin Meta, mai Facebook da Instagram, daga tallace-tallace yake fitowa, talla kuma ba ya sayuwa sai da idon da ya zauna. Tun a 1971 wani masani ɗan Amurka, Herbert Simon, ya lura cewa duk inda labarai suka yawaita, abin da ke yin ƙaranci shi ne hankalin da zai karɓe su, kuma a kan wannan hankali mai ƙaranci ake yin gasar da muke gani.

A nan wajibi ne a yi adalci ga shi kansa wasa, don kada a ɗauka cewa muna haramta abin da Allah bai haramta ba. Ya tabbata cewa Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya yi tsere da Nana A'isha, Allah Ya yarda da ita, ya kuma tsaya ya kare ta tana kallon Habashawa suna wasa da masu a cikin masallaci ranar idi. Da Sahabi Hanzala ya zo wa Annabi yana tsoron munafunci don zuciyarsa takan saki idan ya koma cikin iyali, sai aka kwantar masa da hankali cewa kowane hali da sa'arsa. Imamu Gazali, wanda ya rasu a 505 bayan hijira, ya yi wasiyya a cikin littafinsa Ihya'u a bar yaro ya yi wasa bayan tashi daga makaranta, don tsare shi ga karatu ba hutu yana kashe masa zuciya. A ɗaya gefen kuma, hani ya zo a kan wasan nardi, Imamu Malik ya ƙi wasan shaɗaranji, Ibnu Abi Zaid, mai Risala wadda ɗalibanmu ke karantawa a zaure, ya haɗa su biyu cikin abin da bai halatta ba, alhali Shafi'awa sun tsaya ga karhanci a shaɗaranji muddin babu caca kuma bai hana salla ba. Abin da ake fahimta daga wannan saɓani shi ne, illar da malamai suka fi dubawa ita ce caca da shagaltuwa daga wajibi. Duka biyun kuwa ana samunsu a wasu wasannin yau, har hukumar kula da caca ta ƙasar Beljiyam ta yanke a 2018 cewa akwatunan sa'a da ake saye da kuɗi a cikin wasu wasanni caca ce, Hukumar Lafiya ta Duniya kuma a 2019 ta amince da saka mugun kamu da wasa cikin kundin cututtuka, tare da bayyana cewa kaɗan ne daga masu wasa ke kaiwa wannan matsayi.

Amma mas'alarmu ba ta mai buga wasa ba ce wanda ya ware masa lokaci da saninsa, domin wannan ya zaɓi hutunsa, hukuncinsa kuma yana bin irin wasan da gwargwadonsa. Tamu ta wanda ake cusa wa kallon wasan wasu ce ba tare da ya yi niyya ba, wanda bai samu hutun mai wasa ba, bai kuma samu amfanin da ya fito nema ba. Wannan shi ne ainihin lagawu, abin da Alƙur'ani mai girma a farkon Suratul Muminuna ya lissafa kau da kai daga gare shi cikin siffofin masu babban rabo, ya kuma ajiye shi tsakanin tsoron Allah a cikin salla da bayar da zakka, abin da ke nuna cewa ba ƙaramin matsayi aka ba shi ba.

Malaman zuciya sun yi wa irin wannan hali rarrabewa mai kyau. Imamu Gazali, a babin da ya yi kan abubuwan mamaki na zuciya, ya kasa abin da ke gabatar aiki kashi huɗu: tunanin da ke faɗowa ba zato, sai karkatar ɗabi'a zuwa gare shi, sai hukuncin zuciya cewa ya kamata a yi, sai ƙudurin aikatawa, ya ce biyun farko ba a kama bawa da su, don ba sa ƙarƙashin zaɓinsa, kamun yana farawa ne daga inda zaɓi ya shigo. Ibnul Ƙayyim, wanda ya rasu a 751 bayan hijira, ya ƙara da cewa tunanin da ba a kore shi ba yakan zama sha'awa, sha'awa ta zama nufi, nufi ya zama aiki, aiki ya zama al'adar da fita daga cikinta ke da wuya, don haka yaƙi a matakin farko ya fi sauƙi. Irin wannan rarrabewa ce ta zo a hadisin da aka hori Sayyidina Ali kada ya bi kallo da wani kallo, domin na farko an yafe masa, na biyu kuwa ba nasa ba ne. Hadisin a kan kallon haram ya zo, kuma ba muna cewa kallon gem daidai yake da shi a hukunci ba. Abin da muke ɗauka daga cikinsa ita ce ƙa'idar, cewa akwai iyaka tsakanin abin da ya afka wa ido da abin da ido ya koma ya nema. Bisa wannan, hoton wasan da ya bayyana a shafinka ba ka da laifinsa, tsayawarka a kansa kuwa aikinka ce.

Sai dai akwai wani sabon abu a nan wanda ya sa mas'alar ta fi ta da nauyi, kuma shi ne zuciyar maganar. A kan hanya, idan mutum ya sake kallon abin da ya gifta, kallon ya ƙare a nan, tasirinsa a zuciyarsa kawai ya rage. A cikin waya kuwa ana rubuta kallo na biyu, a ajiye, a auna, gobe kuma a dawo da shi ninki ba ninki cikin surar abin da ya zo ba zato. Ke nan da yawa daga abin da mutum ke kira kallo na farko a yau, 'ya'yan kallonsa na biyu ne na jiya, uzurin ba-zata kuma yana raguwa gwargwadon yadda ya san wannan tsari ya ci gaba da ciyar da shi. Wanda bai sani ba yana da uzurin jahilci, wanda ya sani kuwa ya zama mai hannu cikin shirya jarrabawar da zai fuskanta da safe. Abin da ka shuka shi za ka girba, kuma ba a taɓa yin zamanin da girbi ke saurin biyo shuka kamar wannan ba.

Mutane sun rabu biyu a nan, kowane ɓangare kuma ya riƙe rabin gaskiya. Wasu suna cewa ai na'ura ce ke kawowa, mu ba mu da yadda za mu yi, maganar da ke da ƙamshin mazhabar Jabariyya, masu cire wa bawa zaɓi gaba ɗaya don su huta da zargi. Wasu kuma suna cewa duk wanda shafinsa ya lalace shi ya so, mai ƙarfin zuciya ba ya kuka da waya, su kuma sun manta cewa mutum ɗaya ne yake fuskantar kamfani mai dubban ƙwararru da aikinsu shi ne su riƙe shi. Hujja a kan waɗannan na biyu ta zo a 2022, sa'ad da gidauniyar Mozilla ta yi bincike da taimakon mutum fiye da 20,000 masu kallon YouTube, ta gano cewa maɓallin da mutum ke dannawa ya ce ba ya sha'awar abu bai hana dawowar irinsa ba sai kimanin kashi 11 cikin 100, wanda ke cewa a daina kawo tashar gaba ɗaya kuwa, wanda shi ne mafi ƙarfi, bai kai rabi ba. Maɓallin da ke alkawarin abin da ba ya cikawa wani nau'i ne na algus a ciniki, alhakinsa kuma yana kan mai shi, shi ya sa Tarayyar Turai tun 2023 ta wajabta wa manyan kafofi su bai wa jama'arta zaɓin shafin da ba a gina shi kan bibiyar ɗabi'arsu ba. Matsayar Ahlus Sunna a babin ƙaddara, cewa bawa yana da kasabi kuma ana tambayarsa gwargwadon ikonsa, ita ce ta fi dacewa a aro a nan: ba a kallafa wa rai abin da ya fi ƙarfinsa, kamar yadda ƙarshen Suratul Baƙara ya tabbatar, amma abin da ke cikin ƙarfinsa ba a sauke masa shi don wani ma yana da laifi.

Abin da ke cikin ikon mutum kuwa ba kaɗan ba ne. Na farko, kuma mafi tasiri, shi ne wucewa ba tare da tsayawa ba, da kame hannu daga yin magana ko da ta tsawatarwa ce, domin na'ura ba ta bambance yabo da zagi, duka a wurinta shaidar sha'awa ce. Na biyu shi ne a zaɓi mafi ƙarfin maɓallan, a daina bin shafukan wasanni, a fita daga ƙungiyoyinsu, a ce kada a sake kawo tashar, maimakon a tsaya ga mai rauni. Na uku shi ne a goge tarihin kallo da na bincike, gama daga nan na'ura ke ɗebo zaton abin da mutum ke so. TikTok tun 2023, Instagram kuma daga ƙarshen 2024, sun ba da damar mutum ya share abin da na'ura ta sani game da sha'awarsa ya fara daga farko, Facebook kuma tun 2022 yana da sashen da ke jero labaran waɗanda kake bi kaɗai bisa tsarin lokaci. Na huɗu shi ne a kashe kunnuwar hoto da kansa da ƙararrawar sanarwa, waɗanda su ne ke cire tazarar da zaɓi ke zama a cikinta. Duk wannan yana shiga ƙarƙashin ƙa'idar toshe kafa, wadda Malikawa suka shahara da ita, wato hana abin da ke kaiwa ga ɓarna tun kafin ya kai. Kuma tun da sufaye sun koyar da cewa bayan an kwashe mummuna daga zuciya sai an ƙawata ta da kyakkyawa, haka nan shafin da aka share sai an nemo masa abin kirki an tsaya a kansa da gangan, karatu ne ko sana'a ko labarin gida, in ba haka ba abin da aka kora zai dawo.

Akwai wuri guda da ke buƙatar tausasawa, shi ne idan mai cika maka shafi da wasa ƙaninka ne ko ɗan 'yar'uwarka ko abokin ƙuruciya. Yanke zumunci babban zunubi ne, ƙaurace wa musulmi fiye da kwana uku kuma an hana, amma ɓoye abin da mutum ke sakawa ba ƙaurace masa ba ne, muddin sallama da ziyara da taimako suna nan. Facebook tun 2017 ya ba da damar a dakatar da ganin saƙonnin mutum na kwana 30 ba tare da an cire shi daga abokai ba, wannan kuwa ya fi dacewa da mutunci bisa ga a wulaƙanta yaro a bainar jama'a saboda wasan da wataƙila halal ne a gare shi. Lokacin da Sahabbai suka ce ba su da makawa daga zama a bakin hanya, ba a kore su ba, an shar'anta musu haƙƙin hanya ne: runtse ido, da kame cuta, da amsa sallama, da umurni da kyakkyawa, da hani ga mummuna. Wanda ba shi da makawa daga waɗannan kafofi, saboda kasuwancinsa ko danginsa na nesa, waɗannan sharuɗɗa biyar sun ishe shi tsarin zama.

Mai yiwuwa wani ya ce wannan tsanantawa ce, a ɗauko Gazali da Ibnul Ƙayyim saboda hoton wasa na rabin minti. Amsa ita ce, rubu'in sa'a a kowace rana yana tashi sa'a 91 a shekara, lokacin da ya isa a sauke Alƙur'ani sau biyu ko fiye, ko a koyi wani abin hannu da zai ciyar da gida. An gaya mana a hadisin Buhari cewa lafiya da sarari ni'imomi biyu ne da mutane da yawa ke yin asara a cikinsu, irin asarar ɗan kasuwar da ya sayar da mai tsada da arha. An kuma gaya mana cewa barin abin da bai shafi mutum ba yana cikin kyawun musuluncinsa, Suratul Isra'i kuma ta ambaci ji da gani da zuciya cikin abubuwan da za a yi tambaya a kansu. Ba a keɓe tambayar ga manyan zunubai ba, tana game rayuwar duka da abin da aka ƙarar da ita a cikinsa, rayuwa kuwa da mintoci ake ƙarar da ita.

Nauyin ya fi tsanani a kan magidanci, domin a gidaje da yawa waya ɗaya ce tsakanin uba da 'ya'ya, yaro ya karɓa da yamma ya kalli gem, uba ya wayi gari shafinsa ya sake; haka kuma abin da uba ya tsaya a kansa da dare shi ne yaro zai tarar. Ƙasar Sin ta bi hanyar doka a 2021, ta taƙaita wa 'yan ƙasa da shekara 18 wasan intanet zuwa sa'a uku a mako, amma doka ba ta shiga ɗaki, kuma wanda aka ce shi makiyayi ne abin tambaya game da kiwonsa ba zai jira hukuma ta yi masa aikinsa ba. Abin da ya kamace shi shi ne ya ware wa yaro lokacin wasansa da wurinsa a fili, ya raba shafinsa da na yaron, ya kuma zaunar da shi ya nuna masa yadda na'urar ke koyon halin mutum daga tsayawarsa, domin yaron da ya gane cewa ana karanta idonsa ya samu ilimin da zai tsare shi a ranar da babu mai tsaronsa. Wannan tarbiyya ce ta muraƙaba a sabuwar riga, kuma wanda ya saba wa kansa tuna cewa kamfani yana ƙidaya kallonsa, ya fi cancanta ya tuna da Wanda ƙidayarSa ba ta barin ƙarami ko babba. Allah Ya tsare mana ji da gani, Ya sanya albarka cikin lokutanmu, Ya kuma ba mu ikon sauke amanar waɗanda ke ƙarƙashinmu.